Rabon Kankiya da Kusada a Tashar Apapa

Daga Kankiya zuwa bakin teku ya fi kilomita 1,000, kuma akasarin mutanenmu za su gama rayuwarsu ba su taɓa ganin jirgin ruwa da idonsu ba. Duk da haka, kuɗin buhun takin da manomin Rimaye zai saya da damina, da kuɗin babur ɗin da saurayin Yashe ke tara wa, da na biredin mai shayi a Gidan Mutum Ɗaya, duk a wata unguwa ta Legas mai suna Apapa ake fara yanke su. Alkamar fulawa ta jirgin ruwa take zuwa. Ɗanyen sukari daga Birazil yake zuwa a tace shi a nan bakin tashar. Sinadaran da ake haɗa takin NPK da su, wasu daga Maroko ake ɗauko su, wasu daga ƙasashen Turai. Idan kaya suka yi mako uku a tasha ba a fitar da su ba, kuɗin wannan kwanan ba a aljihun mai jirgi yake fita ba, a kan mai saye na ƙarshe yake sauka, wato mu. Saboda haka duk wanda ya ce maganar tashar jiragen ruwa maganar mutanen Kurmi ce, bai duba abin da ke cikin tukunyar gidansa ba.

A da ƙasar Katsina ba ta fuskantar kudu. Tekunmu sahara ce, kuma Birnin Katsina na cikin manyan wuraren da ayari ke sauke kaya bayan ya ratso Agadas daga Gat da Gadamus da Tarabulus. Larabawa da Buzaye da Wangarawa sun zauna a birnin, sun yi unguwanni, sun yi aure. Ƙauyukanmu su ne ke ciyar da wannan ciniki da hatsi da auduga da fata da saƙa. Bajamushen nan Heinrich Barth ya iso Katsina a farkon 1851, ya tarar da birnin ya riga ya fara barin wa Kano kasuwa. A ƙarshen wannan shekarar ce kuma jiragen yaƙin Ingila suka yi wa Ikko, wato Legas, luguden wuta, suka kori Oba Kosoko, suka ɗora Akitoye. Babu wanda ya san haka a Katsina a lokacin, amma daga ranar aka fara juya wa fatauci alƙibla daga arewa zuwa kudu.

Ikko kuwa asalinta garin masunta da manoma ne na Awori, wani reshe na Yarbawa, daga baya ta shiga ƙarƙashin ikon Benin. Turawan Fotugal ne suka laƙaba mata sunan da ya zama Legas. Abin da ya ɗaga ta a farkon ƙarni na 19 shi ne cinikin bayi, kuma a nan ne ya kamata mu tsaya, domin farkon shigar Bahaushe wannan tasha da yawa a ɗaure ya shiga. Yaƙe-yaƙen jihadi da rushewar daular Oyo sun sa an yi ta gangarar da mutanen Arewa zuwa gaɓa ana cika jirage da su zuwa Bahia ta Birazil. A can Hausawa ne suka kitsa tawayen bayi na 1807, kuma Musulmi bayi ne suka tayar da babban boren 1835 a birnin Salvador. Wasu daga cikin waɗanda aka koro ko suka fanshi kansu sun dawo gaɓar Afirka ta Yamma, har da Legas. Ba mu koyar da wannan a makarantunmu, kuma abin takaici ne, domin waɗannan mutane 'ya'yan wasu ne, an raba su da gonakinsu da iyayensu a garuruwa irin namu.

A 1861 Oba Dosunmu ya sa hannu a takardar da ta miƙa Legas ga Ingila. Bayan shekara biyu, a 1863, wani hafsan sojan ruwa mai suna John Glover ya tara Hausawa, akasarinsu bayin da suka gudo ko aka 'yanta, ya ba su bindiga. Rundunar sojan Najeriya da ta 'yan sanda duk daga wannan ƙaramin taro suke lissafa asalinsu. An kai su yaƙin Asante a 1873 zuwa 1874, kuma irinsu ne daga baya Turawa suka yi amfani da su wajen cin ƙasar Hausa kanta, abin da ba za mu yi alfahari da shi ba amma dole mu faɗa. Zaman Hausawa a Obalende yana da alaƙa da waɗannan sojoji da iyalansu. Wannan ya isa ya nuna cewa Bahaushe ya girmi Najeriya a Legas da shekara hamsin ko fiye. Duk sanda rikici ya tashi aka ce baƙi su koma garinsu, akwai gidajen Hausawa a wannan birni da ba su da wani garin da za su koma.

Ita tashar kanta ba ta samu da sauƙi ba. Bakin da tafkin Legas ke haɗuwa da teku yana da tudun yashi a ƙarƙashin ruwa, manyan jirage ba sa iya wucewa. Sai su tsaya can waje, a riƙa kwaso kaya da mutane a ƙananan jirage, ana asarar rayuka da dukiya a igiyar ruwa. Turawa suka shiga jibge duwatsu suna gina katanga biyu cikin teku don a kare mashigar, suna kuma yashe ta, har a 1914 babban jirgin fasinja ya samu shiga ciki. A 1921 aka fara ginin matsayar jirage huɗu masu zurfi a Apapa, aka gama a 1926. Me ya sa Apapa? Saboda tana ɓangaren tudu inda layin dogo zai iya kaiwa har gindin jirgi. Layin dogon kuwa ya riga ya isa Kano tun 1911, aka kammala gadar Jebba a 1916. Wato Apapa da dogon Kano abu guda ne da aka tsara tare, kuma abin da aka tsara su ɗauka shi ne amfanin gonar Arewa: gyaɗa da auduga da fatu da ƙiraga, da kuzar Jos.

Turawa auduga suka so a noma musu. Manoman Kano da Katsina suka yi lissafinsu suka ga gyaɗa ta fi riba, kuma ko kasuwa ta faɗi ana iya cin ta. Daga 1912 gyaɗa ta cika tashar jirgin ƙasa ta Kano. Wanda ya fi kowa fahimtar sabon zamanin shi ne Alhassan Ɗantata, kuma ina ganin dalilin a bayyane yake: tun kafin gyaɗa ya riga ya san teku. Fataucin goro ya kai shi Gwanja da Kumasi da Ankara, ya kuma yi amfani da jirgin ruwa wajen kai goro Legas a lokacin da sauran fatake ke tafiyar watanni da jakuna. Mutumin da ya san yadda ake loda kaya a jirgi, ya san takarda, ya san banki, shi ya zama babban mai sayen gyaɗa, sauran suka zama yaransa. Ya rasu a 1955, shekarar da Hukumar Tashoshin Jiragen Ruwa ta Najeriya, NPA, ta fara aiki.

Mu kuwa dogo bai zo mana ba. Ya bi ta Zariya zuwa Funtuwa da Gusau da Ƙaurar Namoda, ya kuma wuce daga Kano zuwa Nguru, ya bar Birnin Katsina da tsakiyar ƙasarta. Shi ya sa hanyar Kano zuwa Katsina, wadda Kankiya ke bisa kanta, ta zama jijiyarmu. Gyaɗar Kusada da Ingawa da Kafin Soli a kan jakuna da raƙuma da manyan motoci ta riƙa tafiya Kano, ta shiga dala, ta jira wagunu, ta sauka Apapa, ta ƙare a matatun mai na Ingila. Kuɗin da hukumar sayen amfanin gona ta tara daga bambancin farashi ya taimaka wajen gina makarantu da asibitoci da hanyoyin Jihar Arewa, ya kuma sa tashar ta yi ta faɗaɗa. Gumin kakanninmu yana cikin simintin Apapa. Ko Sarkin Katsina Muhammadu Dikko, da ya tashi aikin hajji a 1921, ta teku ya bi, ya biya ta Ingila kafin ya isa Makka.

Tare da kaya mutane suka gangara. Da aka fara noman goro a ƙasar Yarbawa, Agege ta zama babban zangon Hausawa, kamar yadda Sabo ta zama a Ibadan da Shagamu. Tsarin zango tsari ne mai kyau wanda ya cancanci a yi nazarinsa. Baƙo ya sauka gidan fatoma, a ba shi masauki da abinci, a ajiye masa kuɗinsa, a haɗa shi da dillali, a tsaya masa idan an ci bashinsa. Ba kotu, ba takarda, amana ce da tsoron zubewar mutunci ke riƙe da dukiya mai yawa tsakanin Agege da Kano. Huhun goro ya hau, shanu su sauka. Har yau mayankar Oko-Oba da kasuwar Mile 12 da dabbobi da tumatir da albasa da tattasai na Arewa suke rayuwa. Idi-Araba da Ijora da Alaba Rago duk suna da tsofaffin gidajen Hausawa, da masallatai, da makarantun allo, da yaran da ke jin Yarbanci kamar harshen uwa domin da yawansu uwar tasu Bayarabiya ce.

Sai aka wayi gari abin ya juye. Farin 1972 zuwa 1974 da cutar da ta afka wa gyaɗa a 1975 suka kashe dalar gyaɗar Kano, kuɗin man fetur kuma ya sa gwamnati ba ta damu ta tayar da ita ba. A wannan shekara ta 1975 ce jirage sama da 400 suka yi cirko-cirko a gaban Legas, akasarinsu maƙare da simintin da aka yi oda ba lissafi, ƙasa na biyan kuɗin jira. Don rage cunkoson aka gina tashar Tin Can, aka buɗe ta a 1977. Daga nan Apapa ta tashi daga ƙofar fitar da abin da muka noma ta koma ƙofar shigo da abin da za mu ci. Jirgin ƙasa ya mutu a tsaye, tirela ta gaje shi. Mu a Katsina ma sai muka sami wata tashar ta biyu, Kwatano, inda shinkafa da atamfa da gwanjo da motoci ke bi ta Maraɗi su shigo ta Jibiya. Wannan ya azurta wasu gidaje, ya ba direbobi da 'yan fito abin yi, amma arziki ne da ke rataye a kan alƙalamin gwamnati. An rufe iyaka daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020, an sake rufewa bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, kuma kowa ya ga yadda kasuwannin kan iyaka suka yi tsit.

Yanzu abin da muke aika wa Legas da yawa shi ne 'ya'yanmu. Da an gama girbi, motocin da suka kai shanu ko hatsi za ka ga samari a samansu, 'yan ci-rani, ga kuma waɗanda ta'addancin 'yan bindiga ya raba da gonakinsu a yammacin jihar nan da Zamfara, su ba ma ranar dawowa gare su. A can me suke yi? Dako, gadi, acaɓa, turin baro, ga-ruwa, wankin takalma, jari-bola, sayar da shayi ga direbobin da ke kwana a layi. Duk sana'a ce ta halal, kuma kuɗin da suke turowa shi ke sayen taki, ya yi rufin kwano, ya aurar da ƙanne. Amma sana'o'i ne da sanarwa ɗaya ke iya shafe su. Ranar 1 ga Yunin 2022 gwamnatin Legas ta haramta acaɓa a ƙananan hukumomi shida, har da Apapa, aka yi ta kama babura ana murƙushe su. A Agustan 2019 an tsare matasa 123 daga Jigawa da baburansu a kan hanyar shiga birnin, aka bincike su ba a same su da komai ba. Kafin wannan akwai jinin da aka zubar a Shagamu da Ketu a 1999, da Idi-Araba a 2002, da Mile 12 a 2016.

Ba na cikin masu cewa duk laifin na Yarbawa ne. Birnin da ke ɗauke da mutane fiye da ƙarfinsa yana da haƙƙin ya tsara titunansa, kuma wasu yaranmu suna tuƙi ba lasisi, ba lamba, ba su san dokar hanya ba. Abin da ba zan yarda da shi ba shi ne a riƙa duban ɗan ƙasa kamar ɗan leƙen asiri don kawai ya hau motar shanu. Kuma babban laifin a gida yake. Mun tura yaro birnin da komai takarda ne, ba mu ba shi karatu ba, ba mu ba shi sana'ar hannu ba, ko katin shaidar ɗan ƙasa wani ba shi da shi. Tsohon tsarin fatoma da ke karɓar baƙo ya san daga gidan wa ya fito ya yi rauni, sarautun Hausawa a unguwanni sun yawaita, wasu na aiki tsakani da Allah, wasu sai lokacin zaɓe ake jin ɗuriyarsu.

Wani abin da ya kamata ya dame mu shi ne wannan. 'Yan Arewa sun daɗe suna riƙe kujerar shugabancin NPA. Bamanga Tukur ne ya riƙe ta a zamanin cunkoson siminti. Hadiza Bala Usman, 'yar marigayi Dakta Yusufu Bala Usman na Musawa maƙwabciyarmu, ta riƙe ta daga 2016 zuwa 2021, kuma a zamaninta aka fara tsarin kiran manyan motoci ta intanet mai suna Eto don rage layin Apapa. Bayanta Mohammed Bello-Koko, bayansa Abubakar Ɗantsoho. A ɓangaren 'yan kasuwa, Aliko Ɗangote, tattaɓa-kunnen Alhassan Ɗantata ta wajen uwa, yana da matatar sukari a Apapa da matatar mai da kamfanin taki a Lekki. Wato muna da mutane a can ƙololuwa, muna da dubbai a can ƙasa, tsakiyar ce babu kowa. Tsakiyar kuwa nan abincin yake: ejan mai lasisin fitar da kaya daga hannun kwastan, mai kamfanin jigila, mai rumbun ajiya, mai duba ingancin kaya, mai inshora, direban ƙugiyar ɗaga kwantena, injiniyan jirgi. Tun da aka ba kamfanoni masu zaman kansu hayar tashoshin a 2006, waɗannan ayyuka ƙwarewa suke nema, ba wasiƙar ɗan majalisa ba. Mutum nawa daga Kankiya da Kusada ke cikinsu? Kowa ya ƙirga na unguwarsu.

Ga shi kuwa muna da abin sayarwa. Riɗi na tafiya Japan da Sin da Turkiyya. Soɓo na tafiya Meziko. Waken suya da citta da ƙaro da fata duk suna da masu nema. Manominmu yana sayarwa a kasuwar ƙauye da tiya, a tara a kai Dawanau, daga nan wani ya tankaɗe, ya zuba a sabon buhu, ya cika kwantena, ya karɓi dala. Ratar da ke tsakanin kuɗin tiya da kuɗin kwantena ita ce ladan sanin hanya. Sakacinmu kuma yana jawo mana asara: a 2015 Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen wake daga Najeriya saboda yawan maganin ƙwari, irin fiya-fiyar da muke yayyafa wa buhu don kada ya yi ƙwari. Abin da aka yi a rumbun ƙauye shi ya rufe kasuwa a wata nahiya, kuma shi muke dafa wa 'ya'yanmu.

Nan ne maganar tashar tsandauri ta Funtuwa ta shigo. Tun 2006 aka sa ta cikin jerin wuraren da za a yi irin waɗannan tashoshi, sai a Mayun 2024 aka buɗe ta, bayan ta Kaduna a 2018 da ta Dala a Kano a 2023. Manufar ita ce ɗan kasuwa ya gama da kwastan a nan gida, a rufe kwantenarsa, ba mai sake buɗe ta sai ta hau jirgi. Ga mutumin Kusada wannan ba ƙaramin abu ba ne, tunda hanyar Yashe zuwa Malumfashi kai tsaye Funtuwa take kai shi, ta Dala kuma ba ta da nisa. Amma a gaya wa juna gaskiya, tashar tudu ba jirgin ƙasa rijiya ce ba guga. Layin da ya ratsa Funtuwa tsohon ƙaramin layi ne na zamanin Turawa. Sabon layin da aka buɗe a 2021 ya tashi daga Apapa ya tsaya Ibadan, tsakanin Ibadan da Abuja kuma ba a shimfiɗa komai ba. Muddin kwantena za ta hau tirela ta bi ta Jebba da Mokwa, tana tsayawa a kowane shinge ana miƙa na goro, to ribar da aka yi alkawari ta zube a hanya. Sabuwar tashar Lekki mai zurfi da aka buɗe a Janairun 2023 ita ma ba dogo a jikinta.

Layin Kano zuwa Maraɗi da aka aza harsashinsa a Fabrairun 2021 ta Kazaure da Daura da Katsina da Jibiya zai bi. Karo na biyu ke nan dogo na kewaye mu. Ba na ƙorafi a kan haka, domin alheri ne ga jihar baki ɗaya, sai dai ya kamata mu sani tun yanzu cewa idan ya fara aiki, wani kaso na manyan motocin da ke tsayawa Kankiya su ci abinci su sha mai zai ragu. Garin da ke rayuwa da abin da ke wucewa ta gabansa dole ya fara tunanin abin da shi kansa zai ɗora.

Kirana ga shugabannin ƙananan hukumomin Kankiya da Kusada, da hakimanmu, da 'yan majalisarmu na jiha da na tarayya, ba mai tsada ba ne. A ware gurbin tallafin karatu kowace shekara don yaranmu su shiga Cibiyar Fasahar Sufuri ta Zariya, da Jami'ar Sufuri ta Daura, da Makarantar Horar da Ma'aikatan Jiragen Ruwa ta Oron. A taimaki ƙungiyoyin manoman riɗi da soɓo su yi rajista, su sami injin tankaɗe da rumbu mai tsabta da malamin gona da zai hana su zuba guba a hatsi, har su kai ga cika kwantena ɗaya da sunansu a Funtuwa ko Dala. Ƙungiyoyin ci gaban garuruwanmu su buɗe rajistar 'ya'yanmu da ke Legas, a san inda kowa yake da wanda zai tsaya masa ranar da aka kama shi. Attajiranmu da ke Agege da Mile 12 kuma, kowannensu ya ɗauki yaro ɗaya mai takardar sakandare ya kai shi ofishin ejan ya koyi aikin fitar da kaya, kamar yadda iyayengijinsu suka koya musu cinikin goro da shanu.